Ban Cire Tabarauna Ba

A lokacin da wannan abu ya same ni, a tsakiyar shekarun 2010, ina aiki a sashen adana bayanan marasa lafiya na wani asibiti a Bronx, ina kuma zaune da iyalina a Tremont. Mutum ne ni mai son tsari tun ƙuruciya. Na kammala karatun jami'a a gida kafin in zo New York, kuma duk wanda ya san ni ya san ba na fita sai da riga a goge, a cuse cikin wando, da biro a aljihun gaba, da tabarau mai kaurin gilashi wanda in babu shi ba na gane fuskar mutum daga tsallaken titi. Ni ne sakataren ƙungiyar 'yan garinmu, ni nake rubuta abin da aka tattauna a taro, kuma ban taɓa yarda a sauya kalma a ciki don a faranta wa wani ba. Na faɗi wannan ne domin mai karatu ya san irin mutumin da wasu suka so su mayar ɗan daba saboda wani fim.

Ina da ƙane, autanmu, wanda ni na ɗauki ɗawainiyar zuwansa bayan rasuwar mahaifinmu. Yana aikin ɗaukar kaya a filin jirgi ta wajen unguwar Jamaica a nan New York, yana haɗawa da karatu, yana da takardar zama amma bai kai ga zama ɗan ƙasa ba. Ranar da zai taso daga Kano, mahaifiyarmu Hajiya ta ce mini a waya amana ce ta damƙa mini, kuma duk abin da ya same shi ni za ta tambaya. Wata Asabar da hantsi ya yi cacar baki da wani mutumin layinmu a kan wurin ajiye mota, mutumin ya zaro ƙarfe daga but ɗin motarsa ya buge shi a fuska. Muƙamuƙinsa ya karye. Likitoci suka ɗaure masa haƙora da waya, ya yi makonni yana zuƙar kunu ta siririn bututu, ba ya iya magana sai da hannu. 'Yan sanda sun kama mutumin, amma an ba da belinsa kafin shari'a, sai ga shi yana yawo a layin da kofin shayinsa, yana wucewa ta gaban shagon askin da mutanenmu suke taruwa.

Shagon na wani ɗan Zongo ne mutumin Kumasi, mai barkwanci, wanda kowa yake aski a wurinsa, Bakano da Bazabarme da Bagwanje. A bango akwai talabijin da ba ta hutawa, kuma abin da ake kallo a cikinta shi ne fina-finan Indiya masu fassarar Hausa da ake turowa daga Kano a memori. Wanda ake yayi a lokacin labarin wani akawu ne shiru-shiru, mai gashin baki da tabarau da riga a cuse, wanda 'yan daba suka kashe masa ƙane. Akawun yana da al'ada guda: duk lokacin da zai far wa ɗaya daga cikinsu, sai ya cire tabarau a hankali, ya ninke, ya sa a aljihu, sannan a fara karya tebura. Da an zo wurin sai shago ya kaure da ihu, mai aski ya tsaya da injin a hannu, wani ya ce a maimaita. Da an gama faɗan ƙarshe kuwa, sai a mayar da fim ɗin baya zuwa faɗan farko. Haka ake yi kullum.

Ranar da na fara shiga shagon bayan abin da ya faru, wani direban tasi ya dube ni, ya dubi talabijin, ya tafa hannu ya ce wallahi ga Akawu nan da kansa ya shigo. Daga nan sunan ya bi ni. In na wuce sai a ce Malam Akawu, yau za a cire ne ko sai gobe. Wani ya ce in tabarau ɗin ya maƙale ne akwai man shafawa. Mai askin ya ce shi dai ya riga ya janye teburinsa gefe, kada a karya masa. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne a kujerar aski dole mutum ya cire tabarau, kuma da na kai hannu zan cire, sai duk shagon ya miƙe ana kiɗa benci ana kwaikwayon kiɗan fim ɗin da baki. Na mayar da abina, na tashi da mayafin askin a wuyana, na ajiye masa, na ce da su ƙanena yana kwance baki a ɗaure, wannan ba abin wasa ba ne, kuma ƙasar nan tana da kotu. Wani daga baya ya ce kotu ta masu tsoro ce. Na fita, na kuma yi wa kaina alkawarin ba zan sake zama a kujerar nan ba sai an yanke hukunci.

Watannin da suka biyo baya su ne mafi nauyi da na taɓa gani. Gashina ya taru har matata ta ce in bari ta rage mini da almakashi, na ƙi. An ɗaga zaman kotu, aka sake ɗagawa. Ni nake raka ƙanena wurin lauyar gwamnati, ni nake tattara rahoton likita da hotunan rauni, ni nake bin maƙwabtan da suka ga abin ina roƙonsu su ba da shaida, wasu suna rufe mini ƙofa. A harabar masallaci, samarin da na raka wasunsu neman aiki suka koma gaishe ni da taɓa gefen ido kamar masu shirin cire tabarau. Wani dattijo ma ya ja ni gefe ya ce a zamaninsu wa ba ya barin a zubar da jinin ƙanensa ya tafi yana ɗaukar fayil. Na amsa masa da ladabi cewa a zamaninsu ba a Amurka suke ba. Duk wannan na iya ɗauka. Abin da ya kusa karya ni ya faru ne ranar da aka cire wa ƙanena wayar baki. Ina tsaye a gefen gadon ina jiran in ji ya ce alhamdulillahi, sai ya dube ni ya ce, Yaya, kai me ka yi? Ba zan ɓoye wa mai karatu ba, a ranar na zauna a mota na daɗe ban tayar ba, ina tambayar kaina ko tsari ne yake riƙe ni ko tsoro.

A ofishinmu akwai wata abokiyar aiki 'yar asalin kudancin Indiya da ke zaune a Queens. Wata rana a lokacin cin abinci na ba ta labarin akawun, ta yi dariya har ta ajiye cokali, ta ce ai asalin fim ɗin nan da harshensu ne, Tamil, kuma 'yan'uwanta maza ma haka suke ihu in an zo wurin tabarau. Sai ta tambaye ni ko na ga ƙarshensa. Na ce an kashe shugaban 'yan daba. Ta ce wannan ba shi ne ƙarshen ba. Washegari ta kawo mini faifan fim ɗin mai fassarar Turanci a ƙasa, na zauna ranar hutu na kalle shi daga farko har sunayen ƙarshe, kamar yadda nake karanta kowace takarda kafin in sa hannu. Bayan faɗan da ake ihu a kansa, fim ɗin yana ci gaba. An sa wa akawun ankwa. An nuno mahaifiyarsa, tsohuwa mai farin gashi, wadda ta binne ɗa guda, tana zaune a ƙofar kurkuku cikin rana da kwanon abinci a cinya, tana jiran a kira ta ta ga ɗayan. Babu kiɗa a wurin, babu mai karya tebur. Na tambayi kaina sau nawa aka kalli fim ɗin nan a shagon aski, kuma mutum nawa ne a cikinsu ya taɓa ganin tsohuwar nan a ƙofar.

Wata Juma'a bayan an sauko daga masallaci, wayata ta yi ƙara. Mai askin ne, kuma babu barkwanci a muryarsa. Ya ce Malam Akawu ka yi sauri, mu wasa muke yi amma yaron ya ɗauka da gaske. Ya ce ƙanena ya shigo shago, samari suka ce tunda babban Akawu ya ƙi sai ƙaramin ya karɓi aikin, shi kuma bai yi dariya ba, ya fita ya ɗauki ƙarfen kwance taya ya nufi gidan mutumin. Na garzaya can, na sami ƙanena a motarsa a tsallaken ƙofar ginin, ƙarfen a kan cinyarsa. Na buɗe ƙofa na zauna a gefensa na ɗaura bel. Ya ce in fita. Na ce ba inda zan je, in zai sauka sai mu sauka tare a kama mu tare. Ya ce ni ban san abin da ake ji ba in mutum ya wuce ka yana shan shayi kai kana shan kunu da bututu. Na ce gaskiya ne, ban sani ba. Ya ce an mayar da gidanmu abin dariya. Na ce na sani, ni aka fara yi wa.

Sai na ba shi labarin ƙarshen fim ɗin, tsohuwar da kwanonta. Ya ce shi ba ruwansa da fim. Na ce ai fim ne ya kawo shi nan, don haka sai ya ji shi duka. Na ce masa in ya buga ƙarfen nan sau ɗaya, shari'ar da muke bi ta mutu, shi zai koma wanda ake tuhuma, zai yi zaman kurkuku, in ya gama a ɗora shi a jirgi a filin da yake ɗaukar kaya a kore shi daga ƙasar. Sannan na ce ita tsohuwar fim tana da ƙofar da za ta zauna ta jira ɗanta, amma Hajiya ba ta da biza, ko ƙofar ba za ta gani ba, sai dai ta kira ni ta tambaye ni ina amanarta. Ana cikin haka mutumin ya fito daga ginin, ya tsaya yana danna waya, bai ma lura da mu ba. Na ji numfashin ƙanena ya sauya. Na ɗora hannuna a kan ƙarfen, ban ja ba, ban kuma ɗauke ba. Mutumin ya tsallaka ya sha kwana. Ƙanena ya kifa goshinsa a kan sitiyari ya yi kuka irin wanda bai yi ba ko a asibiti.

Daga baya shari'ar ta zo ƙarshe. Da mutumin ya ga shaidu da rahoton likita, ya amsa laifinsa, aka yanke masa zaman kurkuku, aka kuma hana shi kusantar ƙanena. Hukuncin bai kai yadda zuciyata ta so ba, kuma har yau in sanyi ya yi tsanani muƙamuƙin ƙanena yana masa ciwo. Ya daɗe yana jin nauyina, ba mu koma hira irin ta da ba sai bayan ya yi aure. Amma ya gama karatunsa, ya zama ɗan ƙasa, ya je Kano da ƙafarsa ya gaida Hajiya ya dawo.

Asabar ɗin da ta biyo bayan hukuncin na koma shagon aski da gashina kamar na mai jinya. Shagon a cike yake, fim ɗin yana kai. Na zauna a kujera, na cire tabarau, na ninke, na sa a aljihu. Babu wanda ya kiɗa benci. Da aka gama faɗan ƙarshe wani ya miƙa hannu zai mayar baya, na ce a bar shi ya ci gaba. Mai askin ya ce a bi umarnin Malam. Ni ba na ganin komai a allon sai inuwa, amma na san lokacin da tsohuwar ta bayyana, domin injin askin ya tsaya a bayan kunnena, kuma direban tasin nan ya tashi ya ce bari ya je ya kira gida.

Ban rubuto wannan don in ce a daina kallon fim ba. Fim ɗin ma ya faɗi gaskiya, masu kallonsa ne suka yanke ta. Abin da na koya shi ne zolaya tana iya kai mutum inda umarni ba zai kai shi ba, kuma masu zuga yaro a shago ba sa raka shi kotu. Ina kira ga 'yan'uwanmu da ke zaune a ƙasashen mutane, musamman manya, su kiyaye harshensu a gaban wanda aka zalunta, domin dariyarsu tana iya zama sanadin ɗaurinsa. Ga wanda kuma aka ɗora wa amanar ƙane, ya yarda a kira shi matsoraci na 'yan watanni, muddin zai iya amsa wayar mahaifiyarsa ba tare da ya rasa abin faɗa ba. Har yau a Tremont ana kirana Akawu, kuma ina amsawa.