Sumar Ɗan Mai Aski

Lemuel Stroud ya shekara talatin da ɗoriya yana aski a garin Tarlow, kuma abu biyu ne ba ya shiri da su: aska marar kaifi da ƙwallon 'yan kwaleji, irin wadda ake rungume ta a ruga ana karo da juna. Gajere ne mai tumbi, ga surutun tsiya. Kana zaune fuska duk kumfa, askarsa a maƙogwaronka, dole ka yarda da duk abin da ya faɗa. Shi ya sa ya daɗe yana ganin ba a taɓa kada shi a gardama ba.

A lokacin 'yan ƙwallo ba su san hular kariya ba, suma suka dogara da ita. Tun watan Yuni suke daina aski, wai gashi ne zai tare musu kai idan aka yi karo. Lemuel kan tsaya bakin shago yana kallonsu suna wucewa buzu-buzu, ya ce iyayensu sun sayar da gona don su yi karatu, su kuwa sun ƙare a tunkuyi kamar raguna.

Sai ga shi a shekarar 1894 ɗansa tilo, Wendell, ya shiga ƙungiyar ƙwallon kwalejin garin. Kakar wasan ba ta yi armashi ba. Sun ci yaran wata sakandare da kyar, ma'aikatan jirgin ƙasa sun lallasa su, wani wasan kuma ba a gama ba don mai ƙwallon ya yi fushi ya tafi da abarsa. Sumar Wendell dai ta yi albarka, har tana neman kafaɗa. Masu zuwa aski suka samu na tsokana, kowa ya zauna sai ya tambayi Lemuel ko almakashinsa ba ya ci ne a gida.

Amma ba tsokanar ce ke cin ransa ba. Sau ɗaya ya leƙa filin, ya ga an fito da wani yaro kwance a kan ƙyauren ƙofa. Tsoro ya kama shi, tsoro na gaske, kuma shi mutum ne da bai iya cewa yana jin tsoro ba, sai dai ya hau faɗa. Ga shi saura wasa ɗaya, na ranar Bikin Godiya da ake yi bayan girbi, da Kwalejin Brisco, wadda rabin 'yan wasanta maƙera ne da suka zama ɗalibai a makon. Lemuel ya yi lissafinsa: babu kyaftin ɗin da zai sa mutum a fili da kai fayau.

Ranar Lahadi bayan an dawo daga coci, Wendell ya cika ciki da gasasshiyar kaza da dankali, ya ɓingire da barci a kujera. Hannun Lemuel kuwa wajen aski ko jariri ba ya tayarwa daga barci. Kafin matarsa Hattie ta gama wanke-wanke, ya yi wa yaron tal-kwabo.

"Baban Wendell, mene ne haka?" in ji ta.

"Na fitar da shi daga wasa," ya ce, yana kakkaɓe almakashi.

Wendell ya farka, ya shafa kansa, ya dubi uban, ya fice. Abin da Lemuel bai sani ba shi ne, ƙungiyar mutum goma sha ɗaya ce cif, ba ko ɗaya a ajiye. Kyaftin ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce ko ƙoƙon kai ne ya rage wa Wendell sai ya shiga.

Sai safiyar wasan labari ya iske Lemuel. Ya bar wani dattijo da rabin gemu a kujera, ya ruga gida. Gashin yana nan a jaka, don shi ba ya zubar da komai. Hattie ta ɗura shi cikin hular sanyi ta ɗinke, shi kuma ya nufi fili yana haki, ya miƙa wa ɗan ta kan igiyar da ta kewaye filin. Wendell ya sa. A karon farko hular ta yi sama, ɗinkin ya farke, gashi ya watse a fili, 'yan kallo suna ta shewa. Can bayan hutun rabin lokaci gwiwar wani maƙeri ta samu Wendell a gefen kai. An ci Tarlow ashirin da takwas da nema, kunnen hagun yaron kuma bai sake ji ba.

Likita ya rantse cewa ko sumar doki ce da ba ta hana ba. Lemuel bai yarda ba. Karo na farko ke nan da aka ba shi gaskiya ya ƙi karɓa.

Daga baya Wendell ya bar karatu ya kama kujera ta biyu a shagon. Lemuel kuwa bai sake taɓa kan ɗan ƙwallo ba sai an rufe kaka, ko uwar yaron ce ta kawo shi. Kuma lokaci-lokaci, idan shago ya yi shiru, sai ya zagaya ta hagun Wendell, ya ce a hankali, "Ka yafe mini, ɗana." Idan Wendell ya juyo ya tambaye shi me ya ce, sai ya ɗaure fuska ya ce cewa ya yi a wasa askar nan.

Haka suka yi ta yi har Lemuel ya tsufa. Wata rana da yamma ya sake zagayawa ta hagun, ya faɗa. Wannan karon Wendell bai juyo ba.

"Baba, shagon nan ko'ina madubi ne. Tun shekarar farko nake ganin bakinka. Na yafe tun tuni."

Lemuel ya zauna a kujerar aski, ya share ido da tawul ɗin masu zuwa aski.

"To," ya ce, "askar dai a wasa ta."