Ɗakin da Na Gina wa Duna

Ranar kasuwar Guci ce, a kakar shekarar da na shiga aji uku a lakwal, wato makarantar boko, Kawu Maman ya sauko daga amalanke da wani abu yana motsi cikin rigarsa. Ya buɗe, sai ga kwikwiyo baƙi ƙirin, duk ƙafafu. Wani Buzu makiyayi ne ya ba shi, shi kuma ya ce nawa ne, tunda ni ke korar awaki daga rumbunanmu. Inna ta leƙo ta ce ta ji ta gani, amma ƙafarsa ba za ta taka cikin gidanta ba. Aka ba mu wuri a bayan danga, kusa da rumbuna, fili fetal babu ko itace ɗaya. Na sa masa suna Duna.

Lokacin ji nake babu magini kamata, don ni na gyara wa Inna akurkin kajinta. Na ce Duna ma sai ya sami ɗakinsa. Kawu ya tarar da ni ina zana da'ira a ƙasa da tsinke, ya ɗaga tafin ƙafar kwikwiyon ya nuna mini. "Lawali, wannan ba karen gari ba ne. Dubi ƙafar nan. Gina wa karen baɗi, ba na bana ba." Na ce to, amma rijiya nake tunani. Tamu mai zurfi ce, guga uku sai tafin hannu ya yi ja, kuma duk takin da na ƙara wa ɗakin, ƙarin laka ne da ƙarin ruwa. Yana ba da baya na bar da'irata yadda take.

Ɗakin ya yi kyau, ba yabon kai ba. Na yi masa 'yar ƙofa zagayayya, na shafe shi da jar ƙasa, 'yan ajinmu suna zuwa kallo ina hura hanci. Duna ya sha sanyin shekarar a ciki. Amma kafin bazara ya kai mini ƙugu. Ƙofar ta goge masa gashin baya, in ya shiga ba ya iya juyawa, sai ya fito da baya da baya. Daga ƙarshe ya haƙura ya tona rami a inuwar ƙarƙashin rumbu. Maimakon in rushe in sake, sai na ji haushinsa, kamar ya raina mini aiki.

Wata safiya da zafi ya kai zafi, na yi wa wasu yaran ƙauyen Kwaya alkawarin in an tashi lakwal za su ga kare a ɗakinsa. Na kafa turke a bakin ƙofar, na ɗaure shi da gajeriyar igiyar kaba don kada ya koma ƙarƙashin rumbu, na aje masa ruwa a sakaina. Da aka tashi muka tsaya langa, daga nan muka bi jifan goruba, na manta da shi sarai. Sai bayan azahar na dawo ni kaɗai. Na same shi kansa da ƙirjinsa a ciki, sauran jikinsa a rana, sakainar a kife. Ya tone ƙasa iya tsawon igiyar, wajen rumbu. Ba ya numfashi.

Abin da na yi daga nan shi ne ya fi cina. Kafin in yi kuka, kafin in kira kowa, na kwance igiyar, na tumɓuke turken, na cusa su cikin danga. Baba ya zo ya juya shi da sanda, ya ce, "Kububuwa ce, zafin nan ke fito da su." Ya sa aka share bayan gida tas, ya hana ƙannena zuwa wurin. Kawu ya dubi ƙofar ɗakin, ya dube ni, ya tafi.

Yanzu a Magaria nake da iyalina. Wasu maƙwabtana suna da manyan karnuka a kejin ƙarfe na mai walda, da rufin kwano, kuma ba na wucewa ban auna kejin da ido ba. Yarana sun sha roƙona kwikwiyo, ina ce musu ba wuri. Damina biyu ta narkar da ɗakin nan, amma ina kewar bayan dangarmu da baƙin kare yana tarona daga lakwal. Baba ya rasu yana tsine wa macijin da bai sari kowa ba.