Ranar da na kai wa kaina takardar kotu

Har gobe ban manta da Talatar da aka aike ni neman kaina ba. Lokacin ni kaɗai ne belif a wata kotu a nan Mubi, wato mai kai sammaci da umarnin kotu hannu da hannu. Na dawo daga hutu ke nan, rajistararmu, Madam Rifkatu, ta miƙo mini fayil ba tare da ta kalle ni ba.

Ga waɗanda ba su san aikin ba: in kotu ta yanke hukuncin bashi aka ƙi biya, mai bin bashi kan nemi a riƙa yanka daga albashin wanda ake bi. In mutum biyu suka sa hannu a takardar bashin, yana iya kama wanda ya ga dama, ya karɓi kuɗinsa duka. A wannan fayil, Alhaji Modu mai sayar da injuna ne ke bin Tizhe, tsohon direbanmu, kuɗin injin niƙa. Tizhe ya yi ritaya ya koma gona a Michika, fanshonsa bai fara fitowa ba. Saura na biyun, mai albashi.

Na karanta sunan na biyun sau uku. Sunana ne.

Sai na tuna. Wata rana ina cin gyaɗa a gindin darbejiya, Tizhe ya zo da fom ya ce, "Oga Bukar, sa mini hannu nan." Haka muke yi wa juna a ofis, wanda ya tsaya karantawa ma sai a ce ya raina mutane. Sammacin kuwa, da ba na nan, an manna shi a tsohon gidana na Lokuwa, wanda na bari tun tuni.

Na ce, "Madam, ai ni ne wannan."

Ta ce, "Na sani. Doka bai san kai ba, ya san fayil. Alhaji ya biya kuɗin keke zuwa gidanka na Lamorde. Ka je ka ba shi a can."

"In ba wa?"

"Mutumin."

Raina ya ɓaci, amma na bi ƙa'ida. Na fara kai kwafi ofishin albashi, akawu ya buga hatimi yana ta ƙunshe dariya. Sannan na hau keke har ƙofar gidana. Na yi sallama, na kira uwargida ta zama shaida, na ɗauki takardar da hannun dama na miƙa wa na hagu, na sa hannu na karɓa. Ta karanta a tsaye. Ba ta yi dariya ba. Cewa kawai ta yi, "To kuɗin makarantar Hauwa fa?" Hauwa 'yarmu ce, ta samu gurbin karatun aikin jinya a cikin watan.

Da na koma, sai rantsuwa cewa na same shi. Madam ta tambaya, alƙalami a hannu, "Ya yi gardama?"

Na ce, "Ya yi tsaki sau biyu."

Wallahi ta rubuta.

Wata goma sha huɗu ana yankar kashi ɗaya cikin uku na albashina. Tizhe, bawan Allah, da kaka ta yi ya zo da buhun wake a kan babur, ya durƙusa yana kuka. Injin ma ya daɗe da lalacewa. Na kasa yi masa faɗa. Mun ci wake har yara suka daina tambayar abin da aka dafa, amma makaranta ba ta karɓar wake. Hauwa ta zauna a gida shekara guda.

Ku da kuka shigo aikin nan yanzu, ku karanta fom kafin ku sa hannu, ko na ɗan uwanku ne. Amma ba wannan ne babban abin da na koya ba. Shekara da shekaru ina miƙa takarda a ƙofar gida in juya da sauri, ban taɓa tsayawa na ga abin da ke biyo baya ba. Tun daga ranar, in na kai umarnin yankan albashi, nakan nemi tabarma in zauna, in karanta wa mutum dalla-dalla, in gaya masa inda zai je ya roƙi sassauci. Na ga fuskar matar mai karɓar takarda sau ɗaya, kuma a gidana na gan ta.