Yadda Na Zana Wa Baƙo Taswirar Gidana Da Bakina

Edita, bayan sallama da fatan alheri, ina roƙon fili a wannan shafi, kuma a sakaya sunana. Na riga na yi rabon bayanai a kaina wanda ya ishe ni har ƙarshen rayuwa.

A lokacin da abin ya faru ni malamin labarin ƙasa ne a wata sakandare, na ba wa arba'in baya, ina zaune a Tarauni da mai ɗakina da 'yarmu tilo mai shekara bakwai. Mutum ne ni mai ganin wayon kansa. Na saba tsayuwa gaban allo, ni kaɗai ke magana saura na rubutawa, kuma irin wannan aiki yakan sa mutum ya ɗauka duk abin da ya fito daga bakinsa ilimi ne. Gem ɗin waya kuwa a ofishin malamai na koye shi. Irin wanda ake jefa ku huɗu-huɗu a wani tsibiri ne, kowa da bindigarsa, kuna magana da juna ta murya ko ta rubutu. Na shiga ne wai don in gane abin da ke cinye wa ɗalibaina lokaci. Bincike ne, in ji ni. Kafin wata uku mai binciken ya zama shugaban rukuni.

Kullum bayan la'asar nakan shimfiɗa tabarma a tsakar gida, in buɗe makirfo, ba na rufe shi sai an kira magariba. Biyu daga abokan wasana malamai ne 'yan'uwana. Na huɗun kuwa, gem ɗin ne ya haɗa mu da shi wata rana da muka rasa ciko. Ban taɓa ganin fuskarsa ba, hoton damisa ne a shafinsa. Amma muryarsa ta nutsattsen mutum ce, kuma abin da ya saye ni shi ne ya iya gaisuwa. 'Yan gem da yawa da ashar suke buɗe baki, shi kuwa sai ya gaishe ni da wuni, ya tambayi gajiya, ya tambayi aiki, ya gangaro kan iyali da yara. Bahaushe ba ya barin gaisuwa a ƙasa, ni kuma ga ciwon malanta, ban iya gajeriyar amsa ba. In ya tambayi yara sai in ce ai yarinya ɗaya ce, ajinta biyu a firamare. In ya ce yau na makara sai in yi masa bayanin cewa cunkoson Gyadi-Gyadi ne ya riƙe mai adaidaita sahun da ke ɗauko ta, ga makarantar tasu a lungu bayan wani gidan mai, kuma ƙarfe biyu ake tashi. Abin da ban faɗa ba makirfo ya faɗa. Ya ji uwarta tana faɗa a kan hijabin makaranta mai ruwan ƙasa da aka ɓata da manja, ya ji injin markaɗen maƙwabta, ya ji lokacin da ake kora ta Islamiyya. Ni da nake rage wa ɗalibi maki in ya manta alamar arewa a taswira, haka na zauna na zana wa baƙo tawa, ban manta komai ba.

Abu ɗaya ne bai samu ba, shi ma ba da dabarata ba. 'Yata ta ci sunan mahaifiyata, don haka a gidanmu babu mai kama sunan. Ummi muke ce mata, kuma faɗar haka a nan bai tona komai ba, tunda kowane layi a Kano yana da tasa Ummin. Mai ɗakina kuma ba ta taɓa kiran sunana, Baban Ummi take cewa. Na sha yi mata tsiya cewa wannan kunya ta zamanin aci-bal-bal ce. A gem kuwa Malam kawai ake ce mini.

Ranar da muka ɓata, saura kaɗan mu ci wasa ya jefa gurneti a ɗakin da muke ɓoye, ya kashe mu duka. Maimakon in yi shiru sai na yi masa irin abin da nake wa ɗalibin da ya kwafi amsa har da sunan mai amsar. Na ce da abokan gaba sun san muna da shi da sun ajiye makamai sun tafi hutu. Na ƙara da wasu da ba zan maimaita ba. Abokaina suka yi ta dariya har ɗaya ya ƙware. Shi kuwa numfashinsa kawai nake ji a kunnena. Da dare na cire shi daga rukuni, na manta yana nan a jerin abokaina.

Bayan kwana biyu saƙonsa ya shigo ta akwatin rubutu na gem. Babu zagi a ciki, gaisuwa ce kamar kullum. Ya tambayi gajiya, ya tambayi aiki, sannan ya tambaya ko Ummi ta dawo lafiya, don ya ga mai adaidaitan nata ya ɗan makara yau. Na karanta sau uku. Lallai ranar ya makara, kuma ban faɗa wa kowa ba. Washegari ya rubuto cewa a gyara mata maɗaurin takalminta na hagu kada ta faɗi. Na tashi na je bakin ƙofar ɗaki na ɗauki takalmin. Maɗaurin ya tsinke. Ban san lokacin da na zauna a ƙasa ba, takalmin yana hannuna, yarinyar tana gefe tana haddar karatu da ƙarfi.

A nan na yi kuskuren da ya fi na farko. Na toshe shi, na yi shiru. Ban gaya wa mai ɗakina ba, domin ta daɗe tana cewa babba da gemu ba ya zama yana hira da waya, kuma ban so ta ci wannan gardamar. Na lallashi kaina cewa barazana ce ta wanda aka yi wa dariya. Amma na daina cin abinci sosai. A aji ina bayanin kogin Kwara idona yana kan agogo. Duk babur da ya tsaya a layinmu sai na leƙa. Na ce wa mai adaidaitan ya riƙa zuwa da wuri, da ya tambayi dalili na ce babu komai.

Ranar Talata, ana saura kamar rabin awa a tashe su, shugabar makarantarsu ta kira ni. Ta tambaya ko na aiko ƙanena ya ɗauki yarinya. Ba ni da ƙane a Kano. Na tambaye ta ina 'yata, sai layin ya katse, na sake kira bai shiga ba. Na fita daga aji da alli a hannuna. Ban san yadda na hau babur ɗina ba, na dai san cunkoson Gyadi-Gyadin nan da na sha ba shi labari ya tsare ni, ina ta danna hon, ina karanto duk addu'ar da ta zo bakina ina haɗa farkon wata da ƙarshen wata. Duk yarinya mai hijabi ruwan ƙasa da na hango a cikin adaidaita sai in leƙa fuskarta.

Na same ta a ofishin shugaba tana cin biskit. Na jingina da bango ina kallonta.

Mai gadin makarantar, wani dattijo mai furfura, shi ya ba ni labari. Ya ce wani mutum ne ya zo cikin kaftani mai tsabta, ya gaishe shi gaisuwa ta mutunci, ya ce shi ƙanen Malam ne mai koyar da labarin ƙasa, na Tarauni, an riƙe Malam a taro, mai adaidaita kuma ya sami matsala, ya zo ɗaukar Ummi ta aji biyu. Dattijon ya ce masa Ummi uku ce a ajin, wacce daga ciki, mene ne sunanta na rajista. Mutumin ya yi dariya ya ce ai su a gida Ummi kawai suka sani. Sai dattijon ya ce masa in dai shi ƙanen uban ne, to sunan yarinyar sunan tsohuwarsa ne, kuma bai taɓa ganin ɗan da kunya ta kai shi ga manta sunan uwarsa ba. Ya tambaye shi sunan Malam ɗin, nan ma babu. Mutumin ya ce bari ya kira waya, ya zagaya bayan gidan mai, bai dawo ba. Da kwatancen da ya bari shugaba ta gane ni ne.

Na kai rahoto wurin 'yan sanda, na nuna musu saƙonnin, amma shafin mai damisa ya riga ya ɓace. Har yau ban sani ba ko tafiya zai yi da ita, ko so yake kawai in ji abin da na ji. Mai ɗakina ta saurari komai tana riƙe da yarinyar, ba ta ɗaga murya ba. Abin da ta tambaya kawai shi ne kwana nawa na yi da sani. Na ce biyar. Ta ce to kwana biyar kenan tana tura 'yarta makaranta da hannunta, ba ta san akwai mai fakonta ba. Na gwammace ta zage ni.

Mun sauya wa yarinyar makaranta, ni nake kai ta ni nake ɗauko ta. Na goge gem ɗin. Abin da bai gogu ba shi ne muryar. Ban san fuskarsa ba, shi kuwa ya san tawa, don haka duk wanda ya yi mini gaisuwa mai tsawo a kasuwar Tarauni ko a ƙofar masallaci sai in tsinci kaina ina auna muryarsa maimakon in amsa. Wannan ita ce asarar da ya bar mini, ni da aka rene ni a kan cewa gaisuwa sadaka ce.

Ga masu wasa, musamman iyaye irina da ke ganin yara ne kawai ake yaudara, ku sani buɗaɗɗen makirfo a tsakar gida daidai yake da cire ƙyauren zaure. Wanda ba ku san fuskarsa ba, lafiya lau ta ishe shi amsa. Kada ku wulaƙanta mutum don abokai su yi dariya, ba ku san abin da ya riga ya tara a kanku ba. In kuwa tsoro ya zo, ku faɗa wa iyali a ranar, ko da za a ci ku gardama. Karatuna duka bai tsare 'yata ba. Abin da ya tsare ta shi ne ikon Allah, da tambayar wani dattijo, da sunan da kunya ta hana mu faɗa. Tun ranar ban ƙara yi wa mai ɗakina tsiyar aci-bal-bal ba.