Ƙafa Mai Rami Uku

Shekarar da aka turo ni Urafane in riƙe ɗakin shan magani, ruwa ya ɗauke tun hatsi bai kai gwiwa ba. Ni kaɗai ne ma'aikacin lafiya a wurin, shi ya sa kowa ke ce mini Majo, wato babban ma'aikacin jinya, har dattawan da suke sa'o'in mahaifina. Ina da wata ƙaramar mota fara, tsohuwa, ƙirar Faransa, wadda na saya hannun wani malamin lakwal, wato makarantar boko, a Maraɗi. Ba ta da gudu, amma ba ta da nauyi. In ta kafe cikin rairayi, maza huɗu sun isa su ciccibe ta. Da ita nake zuwa Tasawa ɗauko magani da allurar rigakafi, da ita nake kai duk maras lafiyar da ya fi ƙarfina babban asibiti.

Hanyar ba ta barin taya. Ƙayar aduwa ta huda su har na daina tuna inda aka yi faci da inda ba a yi ba, na gaba biyu kuwa sun suɗe sumul kamar bayan ƙwarya. Wata rana na faɗa wani kwazazzabo, jantin hagu, wato ƙarfen da taya ke zama a kai, ya lanƙwashe, na dama ya tsage a baki. A lokacin soja ke mulki a nan, soja ke mulki a Najeriya, kuma an rufe iyaka. Kayan mota da muka saba samu ta Katsina sun ɓace daga kasuwa.

A Tasawa akwai wani dattijo mai faci da ke zama gindin bishiyar bedi kusa da tasha. A ƙuruciyarsa ya bi manyan motocin gyaɗa, kuma a nan ya bar rabin ɗan yatsansa. Bai yi boko ba, amma lambobin da ke jikin taya ya san su kamar sunayen jikokinsa. Baba nake ce masa. Ya duba motar, ya ce in yi haƙuri ya tambayi mutanensa, ko za a dace da irin ƙafarta.

Ban yi haƙurin ba. Ran kasuwa wani ɗan kasuwa ya ja ni bayan rumfarsa ya yaye buhu, sai ga tayoyi biyu sababbi fil, masu faɗi, a kan jantinsu. Ya ce da waɗannan motata za ta bi rairayi kamar raƙumi. Na shafa su, na ji ƙanshin sabuwar roba, hankalina ya tafi. Na saye su, na gangaro da su wurin Baba ina fara'a.

Bai ko tashi daga kan tsohuwar tayar da yake zaune ba. Ya jawo ɗaya tsakanin ƙafafunsa, ya sa guntun yatsan nan yana taɓa ramukan ƙusa.

"Majo, ƙirga mini."

"Huɗu ne, Baba."

"Je ka ƙirga na motarka."

Na riga na sani, amma na je na duƙa. Uku ne.

"To ka gani. Kuma dubi lambar ƙarshe. Taka sha uku, wagga sha huɗu. Ta fi tsawo, ta fi faɗi. Ko ramin ya yi daidai, in ka karya kwana za ta ci jikin mota. Maida mashi abinai."

Na ce ai rami ba wani abu ba ne, mai walda zai huda sababbi. Ya girgiza kai ya ce ramin da aka huda da ido ba ya zama a tsakiya, ƙafar za ta dinga rawa, ƙusa kuma ba ta jure rawa.

"Ni dai hannuna ba shi ɗaura ta," in ji shi. "Kana ɗaukar mata masu ciki a motar nan."

Na ji haushi. Ina ganin ni ne na yi karatu, shi kuwa mai liƙe roba ne. Ɗan kasuwar ma da na koma ya ce ciniki ya faɗa. Na kai wa mai walda ya huda ramuka uku a kowane janti, na ɗaura su da kaina a bakin hanya, na kama hanyar Urafane da katan ɗin magani a baya.

Tun a kan jar hanya sitiyari ya fara karkarwa a hannuna. Kwanar farko na ji ƙuuu, warin roba ya shigo mini. Na ce da raina za ta saba. Ban yi rabin hanya ba na ji ƙas, motar ta karkata, ta tsaya. Ƙusa ɗaya ta karye, sauran biyun sun kwance, ƙafar na lilo. Na fito na zauna a inuwar motar. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne kwana uku kafin nan, a daidai wannan wuri, akwai wata mata a kujerar baya tana naƙuda.

Wata babbar mota mai ɗauke da hatsin taimako ta jawo ni zuwa Tasawa. Na sauka gaban Baba ina jiran magana. Ya zagaya motar, ya leƙa inda tayar ta goge fenti, ya tambaya ko na ji ciwo. Na ce a'a. Ya ce alhamdu lillahi, ya miƙo mini butar ruwa. Daga ranar har ya bar duniya bai taɓa tuna mini da wannan taurin kai ba.

Yana canza ƙusar ne ya ce ya tuna wani abu. Shekaru kaɗan da suka wuce wani Bafulatani daga wajen Gidan Amumune ya kawo masa gatarin bayan wata mota irin tawa, wato ƙarfen da ƙafafun baya ke ɗaure a kai, aka yi masa amalanken shanu da shi. Shi Baba ne ya sa wa amalanken tayoyi da hannunsa.

"Amalanke ba shi cin taya, Majo. In rana ba ta fasa su ba, suna nan da ƙwarinsu. Tafi ka gani. Amma kada idonka ya ƙara ruɗinka."

Ya yanko karan dawa daidai tazarar rami da rami. Ya zagaya tayar bayan motata da igiya ya ƙulla. Ya sa na rubuta lambobin a takarda, ya ce tayoyin duka biyun su zama iri ɗaya, don gaban motar ne ke ja, in ɗaya ta fi ɗaya tsawo za ta yi ta fizga ta gefe. Sannan ya bubbuga lanƙwasasshen jantina da guduma, aka ɗinke mai tsagar da walda, ya maida tsofaffin tayoyin. Ya ce za su kai ni in na bi su a hankali, amma ban da ɗaukar kowa.

Sai da na karɓi takardar izinin tafiya, don wancan yankin na Mayahi ne, ba nawa ba. A shingen hanya jandarma ya karanta ta, ya buɗe bayan motar yana neman hatsi, saboda an hana fita da shi daga yanki zuwa yanki. Ya tarar da manyan tayoyi biyu da kara da igiya. Ya dube ni, ya dubi karan, ya ɗaga mini sanda.

A kasuwar Gidan Amumune na yi tambaya, aka kwatanta mini rugar. Hanyar duk ƙasusuwan dabbobi ne, wasu da fatarsu a bushe a kai. Na iske mutumin yana ɗaure kaya. Dogo ne, ya manyanta, Hausarsa tsab sai ɗan lanƙwasar harshe. Shanu biyar ne suka rage masa, duk ana ƙirga haƙarƙarinsu, kuma washegari zai yi kudu da iyalinsa ko za a tsira da su. Amalanken na gindin gawo, hancinsa a ƙasa. An lulluɓe kowace taya da tsohuwar tabarma an ɗaure da igiya.

Muka gaisa, ya shimfiɗa mini buzu, ya ba ni haƙuri cewa babu nonon da za a ba baƙo. Na faɗa masa ko ni wane ne da wanda ya aiko ni. Na ji nauyin maganar a bakina, mutum na cikin wannan hali ni kuma na zo neman ƙafar mota. Ya saurara har na gama.

"Bijiman da ke janshi sun mutu, ɗaya bayan ɗaya," ya ce. "Na rufe ƙafafun ne don kada rana ta ci su, ban san wa nike aje ma ba. Tashi mu gani ko za su yi maka."

Muka kwance tabarmin. Na ɗora kara, ya zauna daga rami zuwa rami ba ragi. Na zagaya igiya, ƙullin ya haɗu da bakinta. Na tofa yawu na goge ƙurar gefen, lambobin suka fito, na gwada da takardata, na sake gwadawa a ɗaya tayar. Zanen jikinsu ko rabi bai ci ba. Na ɗago kai na ce, "Baffa, su ne."

Na yi maganar saye, ya ɗaga hannu.

"Likita, ba na sayar maka. Mutanenmu nawa ke kiwo wajen Urafane? In ɗayansu ya kwanta, wace mota za ta ɗauke shi? Kwance ka tafi da su."

Na ce to, ga waɗannan manyan, in bar masa a madadinsu. Ya yi murmushi ya ce amalanken da ba shi da sa, me zai yi da ƙafa? In riƙe su wurina, in Allah ya maido shi ma yi magana. Matarsa ta kawo turmi biyu da ba za su iya ɗauka ba, muka ɗaga amalanken muka ɗora gatarin a kansu. Ƙusoshin sun yi tsatsa, sai da muka shafa musu man shanun da ya rage a gindin wata ƙwarya kafin suka juya. Abin da na iya yi masa shi ne na duba ƴaƴansa, na bar wa matar maganin zazzaɓi da gishirin zawo, na nuna mata yadda ake haɗawa.

Baba ya karɓi ƙafafun kamar an kawo masa jikoki. Ya cire kowace taya, ya kankare tsatsar janti, ya nutsa shambur, robar ciki mai riƙe iska, a ruwa yana neman kumfa, bai samu ba. Ya ɗaura su a gaba, ya ɗaure ƙusoshin bi da bi, kaɗan-kaɗan, har suka kama daidai. Sannan ya koya mini abin da nake nema tun farko. In zan shiga rairayi, in rage iska har tayar ta ɗan baje, in na hau jar hanya in sa famfo in mayar.

"Faɗin da kake so ga shi nan, kyauta," ya ce.

A wannan rani ƙyanda ta shigo, ta iske yara da yunwa. Kusan kullum ina hanya. Wata rana in tafi da uwa da ɗanta, wata rana yara uku a kujerar baya da kakarsu. Ba duka suka rayu ba, kuma akwai waɗanda na kai na komo da iyayensu kawai. Amma da yawa sun rayu, wasunsu yau suna da furfura, muna haɗuwa a kasuwa. Cikin watannin nan duka motar ba ta tsaya da ni a daji ba ko sau ɗaya, sai faci biyu na ƙaya.

Manyan tayoyin na ajiye su a ɗakin kaya, na rufe da buhu. Damina ta zo ta wuce ba labarin Baffa. Na tambayi makiyayan da ke zuwa shan magani, kowa ya ce bai san inda ya nufa ba. Sai bayan damina ta biyu, wata safiya ina wanke wa wani yaro gyambo, aka yi sallama a ƙofa. Shi ne, ya ƙara ramewa, yana riƙe da ƙwaryar nono. Cikin shanu biyar, biyu sun komo, ɗaya ma da maraƙi. Iyalinsa duka lafiya. Ya ce ya samu jaki, ya zo mu yi maganar ƙafafun amalanken.

Na rufe ɗakin magani ran Lahadi, muka ɗauki tayoyin muka biya Tasawa muka ɗauki Baba. Baba ya ce ramin da aka huda da ido ba ya yi wa mota, amma amalanken jaki ba ya gudun da zai karya ƙusa. Muka iske amalanken yadda muka bar shi, sai dai gara ta cinye turmi ɗaya ya karkata. Baba ya ɗaura ƙafafun, maƙerin garin ya rage tsawon sandar ja don ta yi wa jaki. Da aka gama, Baffa ya ce sai mun hau. Muka zauna mu uku, jakin ya ja mu muka zagaya rugar, yara na bin mu da ihu. Ya ce a kan tsandauri sun yi wa jakin nauyi kaɗan, amma a rairayi ba sa nutsewa. Muka sha fura, muka yi sallar azahar a gindin gawon, sannan na maida Baba Tasawa.