Tsaron Takalma a Gindin Dala

Ranar wata Alhamis ce cikin watan Rajab, a shekara ta biyu da fara yaƙin basasa, aka tashe ni tun tattabarun Baba ba su sauko daga kan soro ba, aka ɗora mini ƙwaryar ƙosan sadaka a ka, aka saƙala mini buta a hannu, aka ce wai ziyara za mu. Shekarata tara ko goma a lokacin, kuma ba wanda ya tambaye ni ko ina so. Ranar kuwa ita ce muka daɗe muna jira ni da ƙawayena na lungunmu a Yakasai. Babu makarantar allo, mun tara gwangwanaye da 'yan tsummoki za mu aurar da 'yar tsanata ta kara, har mun zaɓi wadda za ta yi guɗa. Na tsaya a tsakar gida ina kumbure-kumbure, Inna tana gyara mayafinta kamar ba ta gan ni ba.

Dalilin fitar shi ne Yaya Lawan, ɗan farin Inna. Yana cikin koyon rini a marinar Ƙofar Mata ya je ya sa kansa aikin soja, bai yi shawara da kowa ba, kuma tun da jirgin ƙasa ya yi kudu da su ba mu ƙara jin ɗuriyarsa ba. Baba yakan zauna a zaure da maƙwabta su kewaye rediyo, su tashi jiki a sanyaye. Inna kuwa in ka gan ta sai ka rantse ko a jikinta. Tana dakanta, tana ɗinkin hularta, tana yi mini faɗa a kan wanke-wanke. Kunyar ɗan fari ce, irin ta matan da. Tun da na yi wayo ban taɓa jin sunansa a bakinta ba, sai dai "wancan" ko "yayanku". In ta zuba masa tuwo, cewa take in kai wa na zaure. Akwai wani mai tallan kananzir da ya ci sunan Lawan, shi ma ba ta iya kiransa, sai ta aike ni in bi shi a guje. Wannan abu yana ba ni haushi ba kaɗan ba, domin a ganina mutum yana can ana harbe-harbe, ai ko sau ɗaya a nuna an san da shi.

Mai kai mu ziyarar ita ce Gwaggo Tabawa, wata tsohuwa maƙwabciyarmu da ba ta da aikin da ya wuce kwasar mata 'yan kaɗan duk Alhamis ta zaga da su kaburburan bayin Allah da tsofaffin wuraren birni. Matan aure ba sa fita da rana a wancan zamani, sai an sami tsohuwar da mazaje suka yarda da ita, su kuwa sun yarda da Gwaggo. Da yaƙi ya zo sai ya zama yawancin masu binta uwayen sojoji ne. Al'adar wuraren kuwa, duk inda aka tsaya mai tsaron wurin zai tambayi sunan wanda za a roƙa wa Allah da sunan mahaifiyarsa, sannan ya ɗaga hannu. To, a nan amfanina yake, ni ce bakin Inna. Baba ya ce ya yarda ta fita sau ɗaya tak, kuma a dawo kafin magariba, saboda haka duk addu'ar da za a yi wa Lawan sai dai a yi ta a wannan rana.

Ban taɓa tafiya da mutum mai cin rai kamar Gwaggo Tabawa ba. Ba ta wuce zaure ba ta yi sallama ba, ba ta ganin tsohuwa ba ta tambayi jikokinta ɗaya bayan ɗaya ba. In na yi gaba sai ta ce, "Ke, sauri ya haifi nawa." Mun fita ta Ƙofar Mata, marina suna ta tsoma zannuwa a karofi, suka gaishe mu, wani ya tambayi ko an ji labarin Lawan. Inna ta kawar da kai tana kallon wata akuya, ni na amsa. Daga nan muka bi gefen badala, Gwaggo tana dogara sandarta tana nuna mana inda ta zube da inda ta ce dakaru suke laɓewa a da, tana jero sunayen sarakuna da na uwayensu ba ta tuntuɓe. Ta tsayar da mu a wani kufan masallaci da ba abin da ya rage sai bangon alƙibla da kashin awaki, ta ce kowa ya cire takalmi ya shafa bangon. Rana ta take, ƙasa ta yi zafi, na yi ta ɗage ƙafa ɗaya ina sauke ɗaya. A kowane kabari kuma sai a dube ni, in ce Lawan, Gwaggo ta ƙarasa da cewa ɗan Amina, Inna ta shafa fatiha a ɓoye cikin mayafi.

A cikinmu akwai wata mata da ta zo daga ƙauye, ita ɗan autanta ne ya tafi, don haka ba ruwanta da wata kunya. Duk inda aka tsaya sai ta rangaɗa sunansa ta fashe da kuka, sauran mata su yi ta ba ta baki. Ina kallonta ina kallon Inna, raina yana ƙara ɓaci. Na ce a zuciyata ga uwa nan ta gaske, mu tamu ko ƙwalla. Ga ƙwarya ta danne mini wuya, ga ƙudaje sun gano ƙosai, ga igiyar takalmina ta tsinke a wajen Kurmi na koma jan ƙafa. Da la'asar muka hau Dala, tsofaffi suna nishi suna salati. Daga sama birni duka ya shimfiɗu a gabanmu, soraye da rimaye da hasumiyar masallaci. Matan suka tambayi ina ne kudu, Gwaggo ta nuna da sanda, duk suka juya can. Inna kaɗai ta ba wa kudu baya, ta ce in zuba mata ruwa ta yi alwala.

Wuri na ƙarshe wani ɗan hubbare ne a gindin dutsen, ɗaki ɗaya na ƙasa da gajeriyar katanga. Tun safe Gwaggo take zuzuta shi, wai nan ne ake roƙa wa matafiya dawowa, sauran duk share fage ne. Na miƙa ƙosan da ya rage aka raba wa mabuƙata, na tuɓe takalmi zan bi su, sai Gwaggo ta tare ni da sanda ta ce in zauna in tsare takalma, wai ɓarayin unguwar ba su da tsoron Allah. Duk inda muka bi tun safe a ƙofa muke zubar da takalman nan, ba wanda ya ko dube su, tsofaffin fatu ne da ko kyauta ba mai karɓa. Na ce, "To wa zai faɗi sunan?" Ta ce bakina ya yi tsawo, ta shige. Na zauna a kan dutse ina huci. An raba ni da bikin 'yar tsana, an gasa ni a rana, kuma a wurin da ya fi ko'ina muhimmanci an bar ni da takalma.

Katangar ba ta hana ni ji ba. Mai tsaron wurin wani tsohon malami ne da kunnensa ya yi nauyi, kowace mace sai ta ɗaga murya. Da aka zo kan Inna ya tambayi suna. Can ta ce yayan yarinyar nan ne da ke waje. Malam ya ce shi bai ga wata yarinya ba, a faɗa masa suna. Na tabbata Gwaggo za ta fitar da ita kunya, sai na ji tsohuwar nan da ta wuni tana lissafa sarakuna da uwayensu tana cewa, "Ni kam tsufa ya ci ni, sunan ya kwanta mini." Malam ya ce rana tana faɗuwa, in babu suna ta baya ta matso. Na san in aka wuce Inna shi ke nan, Baba ba zai sake barin ta fita ba. Na miƙe zan ƙwala sunan ta saman katanga, Gwaggo ta leƙo ta ƙofa ta watsa mini wata harara da ta mayar da ni zaune.

Sai na ji wata 'yar murya da ban san Inna da ita ba, ƙasa-ƙasa, ta ce Lawan. Malam ya ce, "Ɗaga murya, 'yata, kunnen ya tafi." Ta sake faɗa, ya sake cewa bai ji ba. A na uku muryar ta tsage, ta faɗe shi da ƙarfi har wani mai wucewa da jaki ya waiwayo, kuma da bakin ya buɗe sai ya ƙi rufuwa. Tana cewa Lawan, Lawan nawa, tana kuka irin wanda ban taɓa jin babba ya yi ba. Ni da na wuni ina jin haushin Inna, sai na tsinci kaina rungume da takalmanta ina hawaye, tsoro da tausayi sun cika ni. Har yau ban sani ba ko da gangan Gwaggo ta shirya abin, domin na tambaye ta bayan na girma ta ce ita ba ta tuna wata rana mai kama da haka ba.

Mun isa gida ana kiran magariba. Na tarar ƙawayena sun aurar da 'yar tsanata ba ni, sun kuma cinye kayan bikin. Washegari Inna ta koma wa "wancan" ɗinta kamar ba a yi komai ba, na rasa inda zan sa kaina don takaici.

Allah ya dawo da Yaya Lawan bayan an gama yaƙi, a rame, yana ɗingishi. Gida ya cika da guɗa, Baba ya rungume shi a zaure. Da ya shigo ya durƙusa a gaban Inna, tana bakin murhu, ko kai ba ta ɗaga ba, cewa ta yi a ba wa wancan ruwa. Na ga yadda fuskarsa ta sauya, abin ya ci ni, ban iya haƙuri ba. Da safe na kai masa koko a zaure na kwashe labarin gindin Dala na faɗa masa. Ya ce ƙarya nake. Na rantse. Ya juya ludayi, sannan ya ce, "Yaya ta faɗe shi?" Na kwaikwayi muryarta iya yadda zan iya. Ya juya fuskarsa bango, kafaɗunsa suna rawa, ya ce in sake.

Yanzu in na bi ta Dala nakan ga motoci sun sauke baƙi, wani saurayi yana gaba yana yi musu bayani suna ɗaukar hoto, kafin ka ce kwabo sun gama sun tafi. Badalar da muka bi ta zama gidaje da shaguna, kufan masallacin kuwa na neme shi na rasa. 'Yata tana kiran ɗan farinta da sunansa safe da yamma, har ta sumbace shi a gaban surukarta, kuma ba na hana ta, don na san abin da waccan kunya ta ci wa mutane. Inna ta rasu, Yaya Lawan ya bi ta da furfurarsa, bai taɓa jin sunansa daga bakinta ba. Duk abin da ya samu shi ne ɗan kwaikwayon da na yi masa a zaure, kuma har ya tsufa yakan ce in sake.