Ƙara ta huɗu kan garkar Kawu Abdulmajid

Kawuna Abdulmajid manomin albasa ne a Galma. Shekara talatin yana duƙe a garkar da ya gada, har bayansa ya tanƙware. Bai taɓa shiga lakwal, wato makarantar boko, ba, amma idan ya ce gobe, to gobe ce.

Shekara huɗu da suka wuce ya ci bashin banki a Madawa, ya sayi injin ban ruwa, ya ajiye takardar garkar jingina. Albasa ta yi kyau. Ranar kasuwa Mahfuzu, ma'aikacin bankin da ke zagaya ƙauyuka, ya zo a kan moto, wato babur. Kawu ya shimfiɗa masa tabarma, ya kira Liman da wani dattijo, ya danƙa masa kuɗin duka a gabansu, aka shafa fatiha. Haka ake biyan bashi a wurinmu. Mahfuzu ya ce zai kawo resi, takardar shaidar biya, wani zuwan.

Lantana, matar Kawu, ta ce masa, "Malam, ka karɓi ko 'yar takarda ce mana."

"Mutumin da ya ci tuwo gidana zan ce wa rubuta mini? Ke Lantana, mi kika ɗauke ni?"

Mahfuzu bai ƙara zuwa ba. Wata shida bayan nan banki ya aiko cewa ba a biya ko dala ba.

Lokacin na dawo daga jami'ar Tawa ba aiki, sai rubutun ƙara ya faɗo kaina. Ta farko, alƙali ya tambayi resi. Kawu ya nuna Liman. Ta biyu, muka nemi a kawo Mahfuzu, aka ce ya bar aiki, ba wanda ya san inda ya nufa. Kafin a saurari ta uku dattijon ya rasu, Liman kuma tsufa ya fara rikita masa ranaku. A gaban alƙali ya ce da damina aka yi, alhali da rani ne. Na ga lauyan banki yana murmushi.

Talatar da ta wuce wasu mutum biyu suka zo garkar da igiyar awo. Ba su yi wa kowa sallama ba. Ɗaya ya leƙa rijiyar, ya jefa dutse, ya saurara, ya gyaɗa kai. Kawu na tsaye cikin fangalin iri, ruwa na bin ƙafarsa.

Jiya magatakardan kotu ya ja ni gefe. Ya ce ko ƙara goma muka shigar ba za ta tsai da gwanjon garkar ba, saura kwana tara.

Da na koma, Kawu ya riga ya sayo farar takarda.

"Ɗana, zauna ka rubuta. Wannan karon ka faɗa musu da kyau, ina jin Faransancinka ne ba su ganewa."

Na karɓi biron. Har yanzu ban gaya masa ba.